Ƙarar da Bashir Ya Kai Saboda Yayansa

Na daɗe a ofishin harkokin ma'aikata na wani asibitin gwamnati a nan Makka, kuma yawancin ranakun aikin sun gauraye a kaina, ba na iya raba wannan da waccan. Wadda ta ƙi fita daga raina ita ce wata Talata, bayan alhazai sun watse, da na zauna gaban kwamfuta tare da lauyan asibiti muna kare kanmu a shari'a. Wanda ya kai mu ƙara kuwa yana ɗakin da ke jikin namu, ina jin tarinsa ta bango. Ku da kuka zo bayanmu kun ji labarin gutsi-gutsi, kowa da irin gishirin da ya ƙara masa. Ni ina wurin, don haka bari in ba ku shi daga tushe.

Mutum biyu ne a tsakiyar maganar, Nuhu da Bashir. Ubanninsu wa da ƙani ne, sun taso daga ƙasar Hausa suna samari, suka ratso Chadi da Sudan, suka ƙetaro ruwa, suka sauka a unguwar Mansur inda ni ma aka haife ni. A zamanin da samun takardar zama ɗan ƙasa bai yi wuyar da ya yi yanzu ba, baban Bashir ya je ya karɓa. Baban Nuhu, wanda shi ne babba, ya ce shi ba ya bukata, ai da an sauko daga Arfa ta baɗi zai koma gida. Bai fasa faɗin haka ba har aka yi masa sutura a Makka. Sakamakon shi ne Bashir ɗan ƙasa ne, Nuhu kuwa baƙo ne mai iƙama, wato takardar izinin zama, duk da cewa lungu ɗaya aka haife su, kwano ɗaya suka ci. Nuhu ya girmi Bashir da shekara goma ko kusa da haka, kuma Bashir bai taɓa kiran sunansa ba. Yaya yake ce masa, a gida da ofis.

Dole in yi wa waɗanda ba ma'aikata ba bayani kaɗan. A aikin gwamnati ma'aikata iri biyu ne. Akwai ɗan ƙasa mai kujera tabbatacciya da martaba, wato matakin da yake kai. Akwai baƙo mai kwantiragi, wanda ake sabunta masa shekara-shekara, bisa sharaɗin cewa ba a samu ɗan ƙasa da zai yi aikin ba. Kujerun shugabanci an keɓe su ga 'yan ƙasa, baƙo ba ya hawa. Ƙarin girma kuma ba a kasafta shi kamar naman layya. In kujera ta sama ta zama babu kowa, sai a sanar, waɗanda suka cancanta su nema, a gwada su da juna ta daɗewa a aiki da karatu da kwasa-kwasai da rahoton shekara. Wannan gwadawar muke kira mufadala. Wanda ya fi maki shi ke hawa.

Su biyun suna aiki a sashen baƙi. Shi ne sashen da ke karɓar alhaji ko mai umara da ya faɗi a hanya, a nemo ayarinsa, a yi masa tafinta da likita, in ta Allah ta kasance a haɗa takardun jana'iza. Nuhu ya riga kowa zuwa sashen, a matsayin tafinta. Kada ku ɗauka wani bawan Allah ne mai sunkuyar da kai. Nuhu mutum ne mai faɗa, mai son girma, muryarsa daga hawa na biyu ake jinta a bakin ƙofa. Amma aikin yana yi. Da shugaban sashen na ƙarshe ya yi ritaya, sai tsohon mudir, wato shugaban asibitin, ya ce wa Nuhu da baki ya riƙa kula da wurin kafin a ga abin da hali zai yi. Halin bai yi komai ba har shekaru suka shuɗe. A takarda kujerar babu kowa. A zahiri Nuhu yana kanta ya miƙe ƙafa, kowa yana ce masa Ra'is, wato shugaba, shi kuma yana amsawa tun kafin a rufe baki.

Wanda kujerar ta dace da shi a doka shi ne Bashir. Yana da digiri, ya daɗe a martabarsa, bai taɓa tsallake kwas ba. Amma duk lokacin da aka zo mufadala, sai ya shigo ofishina a hankali kamar mai zuwa gaisuwar mutuwa, ya ajiye 'yar takarda cewa ya janye daga neman kujerar saboda wasu dalilai na iyali. Da ya janye, sai tsohon mudir ya ce ba a samu wanda ya dace ba, a ɗage sai wani jiƙon.

Na taɓa ce masa, "Bashir, sa'o'inka fa duk sun wuce ka."

Ya ce, "Abla, ya'ani in zauna a can, Yaya ya zo yana neman izini a wurina? Wallahi ba zan iya ba. Me zan ce wa Gwaggo?"

Abla suke ce mini, kamar yadda ake ce wa babbar 'yar'uwa a nan. Gwaggo kuwa ita ce Gwaggo Hassana, ƙanwar ubanninsu, ita kaɗai ta rage cikin manya, kuma a gidansu maganarta ta fi ta mudir ƙarfi. Na sa takardar a fayil ɗinsa, kamar yadda na sa waɗanda suka gabace ta. Aikina ke nan.

Kowa ya ji daɗin wannan tsari. Mudir ya samu mai yi masa aikin shugaba ba tare da ya ba shi martabar shugaba ba. Nuhu ya samu girma. Bashir ya samu yabon unguwa, har iyaye suna misali da shi. Matarsa ce kawai ba ta ga abin yabo ba, ita kuma ba a tambaye ta ba.

Sai tsohon mudir ya yi ritaya, aka kawo sabo. Sabon ya duba jerin kujeru ya ga ɗaya babu kowa shekara da shekaru, ya yi mamaki. Maimakon ya sanar a yi mufadala, sai ya yi gaggawa ya ɗauko wani Ustaz Majid daga wani asibitin, aka ƙara masa girma aka ɗora shi. Mutane sun ce akwai surukuta a tsakaninsu. Ni ban ga ɗaurin auren ba, don haka ba zan rantse ba.

In faɗi gaskiya, Majid ba mugu ba ne. Laifinsa ɗaya, ya ɗauka shi ne shugaban sashen saboda takarda ta ce haka. A makonsa na farko ya sa aka mayar da teburin Nuhu cikin na sauran tafintoci. Ya ce duk mai fita ya sanar da shi. Sannan a gaban yara ya kira shi, "Ya Nuh," haka gatsau, babu Ustaz, babu Ra'is. Nuhu ya cika ya batse. Kwana uku ba a ji muryarsa a bakin ƙofa ba, har mai gadi ya tambaye ni ko ya yi tafiya.

Ranar Juma'a bayan la'asar aka taru a gidan Gwaggo Hassana. Ni maƙwabciya ce, na shiga kai mata sinasir, ta ce in zauna tunda na san kan abin. Nuhu yana ta zagaye ɗakin, Bashir yana zaune a ƙasa yana zuba shayi.

Nuhu ya ce, "An taka doka! Ba a sanar ba, ba a yi mufadala ba. Ni ba ni da bakin magana, baƙo ne ni. Amma kai kana da shi. Ka kai su mahkama, gaban alƙali."

Bashir ya ce, "Yaya, in na ci fa? Ni za a ba."

"To sai me? Ka karɓo ka ajiye mana. Sunanka a takarda, aiki ya ci gaba yadda yake. Halas, magana ta ƙare."

Gwaggo ta gyaɗa kai ta ce, "Haka ya yi. A karɓo abin gida a dawo da shi gida."

Na ce musu kotu fa ba ɗakin Gwaggo ba ce, in aka buɗe magana ba a san inda za ta tsaya ba. Nuhu ya ce ni ma'aikaciyar idara ce, wato hukumar asibiti, dole in tsorata su. Gwaggo ta miƙo mini shayi, wanda a gidanta ma'anarsa an gama da maganarka. Ban taɓa jin inda mutum ya shiga shari'a don ya ci kujera ya bar ta babu kowa ba, sai a wannan ɗakin. Su kuwa ko a jikinsu, sun ga dabara ce ta kece raini.

Ga yadda ake bi. Ma'aikaci ba ya zarcewa kotu kai tsaye. Sai ya fara rubuta koke ga ma'aikatarsa cikin wa'adin da doka ta yanke. In aka ƙi shi, ko aka yi masa shiru, sannan ya je kotun da ke sauraren ƙarar da ake kai hukumomin gwamnati. Bashir ya rubuta koken, sabon mudir ya yi fatali da shi. Bashir ya ɗauki lauya ya shigar da ƙara, yana neman a soke ƙarin girman Majid saboda ba a bi ƙa'ida ba. Daga ranar, ni da yaron da na goya a lungunmu muka zama abokan shari'a. Da safe mu gaisa a bakin lif, in tambayi yaransa, sannan kowa ya shiga ofis ya rubuta abin da zai kayar da ɗan'uwansa.

Lauyan asibiti ya nemi fayil ɗin Bashir, na ba shi cikakke, don ba a cire ko ƙyalle daga fayil. Da ya ga takardun janyewar nan jere, sai fuskarsa ta washe. Ya ce ai shi ke nan, mutumin da ya ƙi kujera da hannunsa sau da sau, ba zai zo yau ya ce an cuce shi a kanta ba. Lauyan Bashir shi ma ya san da su, ya ja wa Bashir kunne cewa in alƙali ya tambaya, ya ce dalilai ne na iyali, ya ja bakinsa ya yi shiru.

Yanzu ba sai an je kotu da ƙafa ba, ta kwamfuta ake zama. Shi ya sa a waccan Talatar ni da lauyanmu muna ofishina, Bashir yana ɗakin da ke jikinmu da wayarsa, alƙali kuma yana can garinsa ko ofishinsa, a cikin ɗan akwati a saman allo. Dattijo ne mai sanyin murya. Da Larabci aka yi komai, amma zan ba ku da Hausa.

Lauyanmu ya gabatar da takardun. Alƙali ya karanta, ya gyara tabarau, ya ce wa Bashir, "Kai ka rubuta waɗannan?"

"Ni na rubuta, ya shehi."

"Mene ne dalilin?"

"Dalilai ne na iyali."

Da alƙalin ya tsaya nan, da labarin nan bai kai na ba ku ba. Amma sai ya ce, "Na san mutum yana ƙin ƙarin girma in za a kai shi wani gari, ga tsofaffi a gida. Wannan kujerar a ɗakin da kake aiki take. Wane dalilin iyali ne ke hana mutum tashi daga wannan tebur zuwa wancan? Ko nauyin ne kake gudu?"

Nan ne aka taɓa Bashir a inda yake masa ciwo. Shekara da shekaru ana ce masa mai ladabi, yau ga wani dattijo yana zargin ko rago ne. Na ji ya yi gyaran murya, ta bango da ta kwamfuta lokaci guda.

Ya ce, "Ya shehi, ban taɓa gudun aiki ba. A wurinmu ƙani ba ya zama sama da wansa. Yayana ne ke riƙe da sashen, shi ya sa."

Alƙali ya yi murmushi, ya ce wannan tarbiyya ce mai kyau, Allah ya yi wa iyayensa rahama. Sannan ya tambaya, cikin wannan sanyin muryar, "Yayan naka shi ne shugaban sashen?"

"Shi ne, ya shehi. Ya daɗe."

"A wace martaba yake?"

Lauyan da ke gefena ya ajiye biro a hankali. Lauyan Bashir, a cikin nasa akwatin, ya dafe goshi.

Bashir ya ce, "Kwantiragi yake."

"Ɗan ƙasa ne?"

"A nan aka haife shi, ya shehi. A Mansur."

"Ba wannan na tambaye ka ba, ɗana."

Ban ji amsar sosai ba, ta yi ƙasa da yawa. Alƙali ya juyo kanmu, ya ce asibiti ya kawo a rubuce wanda ya gudanar da sashen a duk shekarun da kujerar take babu kowa, da kuma izinin da aka dogara da shi. Aka ɗage zama. Allo yana mutuwa sai na ji muryar Nuhu ta bango. Ashe yana tsaye a gefen Bashir tun farko, inda kyamara ba ta ɗauko shi. Da ƙarfi yake cewa, "Madalla! Gara da ka gaya masa. Yau har alƙali ya san waye ra'is a wurin nan!"

Lauyanmu ba ya jin Hausa, ya tambaye ni me ake cewa. Na ce masa murna ake yi.

Ni aka sa na rubuta amsar, kuma babu abin da zan rubuta sai abin da ya faru. Izini na baki ne, wanda ya ba da shi yana gida yana wasa da jikoki. Bayan 'yan zama kaɗan hukunci ya fito. Kotu ta soke ƙarin girman Majid, ta ce a sanar a yi mufadala yadda doka ta tanada. Asibiti ya ɗaukaka ƙara don kada a ce bai yi komai ba, aka tabbatar da hukuncin farko. Aka yi mufadala, Bashir ya zo na ɗaya da tazara mai yawa.

A Mansur aka yanka raguna. Gwaggo ta sa aka yi guɗa. Abin da ya ba ni dariya, ya kuma ba ni tausayi, shi ne Nuhu mutane suke yi wa mabruk, wato barka, shi ke zaune a tsakiya da sabuwar riga, Bashir yana rarraba faranti. Na ci shinkafar nan ba na jin ɗanɗanonta, don a ranar da safe wata takarda ta sauka a teburina daga sama. Hukuncin kotu ba ya tsayawa a kotu. Kwafinsa yana hawa har wurin masu duba kwantiragin baƙi. Su kuma sun karanta cewa a wani sashe an ɗora baƙo a kan aikin da aka keɓe wa ɗan ƙasa, alhali ga ɗan ƙasar a ɗaki ɗaya da shi, mai jin yaren da aka ɗauki baƙon dominsa. Suka ce in kwantiragin Nuhu ya ƙare, ba za a sabunta ba. Saura wata biyu da 'yan kwanaki.

Na bar shi ya gama bikinsa. Ranar Lahadi na kira shi ofis na rufe ƙofa. Ya karanta takardar a tsaye, ya sake karantawa a zaune.

Ya ce, "Amma ai mu muka ci shari'ar."

Na ce, "Bashir ya ci. Kai ba ka cikin shari'ar, Nuhu. Sunanka kawai ya shiga."

Ku yaran yanzu da kuka taso da katin ɗan ƙasa a aljihu ba lallai ku gane nauyin abin ba. Ba aiki kaɗai Nuhu zai rasa ba. Iƙamarsa a hannun asibiti take, ta matarsa da ta ƙananan 'ya'yansa kuma a jikin tasa suke rataye. In kwantiragi ya ƙare bai samu wani kafili da zai karɓe shi ba, wato mai aikin da zai ɗauki nauyin zamansa, sai fita. Fita zuwa ƙasar da bai san komai nata ba sai ofishin jakadancinta na Jidda, inda yake zuwa sabunta fasfo. Mutum ya haura hamsin, ya binne uwa da uba a garin nan.

Da Bashir ya ji, sai ya ruga wurin mudir da sabuwar takardar janyewa, don ita kaɗai ce maganin da ya sani. Ina wurin. Mudir ya dube shi sama da ƙasa ya ce, "Ka kai mu kotu a kan kujerar nan, ka zubar mini da mutunci, kotu ta ba ka, yanzu ka zo ka ce ba ka so? Ɗayyib, ba laifi, janye. Gobe in kawo wani. Yayanka dai ko ka hau ko ba ka hau ba, tafiya zai yi." Wannan karon mudir ne ke da gaskiya, abin da bai saba ba.

Gwaggo Hassana ta aiko a kira ni. Ta ce ta shirya dattawa uku na unguwa, za su je wurin alƙalin su ba shi haƙuri, a ce an fasa ƙarar, kowa ya koma inda yake. Ta ce ai mutumin kirki ne, ta ji har addu'a ya yi wa 'yan'uwanta. Na ce mata alƙalin ma ban san garin da yake ba. Ta ce, "To wa ake ba haƙuri a irin wannan?" Na ce babu.

Nuhu ya shiga yawon neman kafili. Mutumin da bai iya roƙo ba, ya koya da furfura. Wasu suka ce ya tsufa, wasu suka ce su ma an cika musu adadin baƙi. Daga ƙarshe wani kamfanin jigilar masu umara a unguwar Aziziyya ya yarda ya karɓe shi, ya riƙa raka ayari yana tafinta. Sharaɗinsu ɗaya, ya kawo takardar sallama daga asibiti kafin iƙamarsa ta mutu. Takardar sallama tana bin ofisoshi, kowa ya sa hannu cewa ma'aikaci bai riƙe kayan gwamnati ba. Masu sito suka sa, masu kwamfuta suka sa, ni na sa. Saura gurbi ɗaya, na shugaban sashensa. Shugaban sashensa kuwa tun makon da ya wuce Bashir ne.

Bashir ya ɓace. Ya kawo takardar likita cewa bayansa na ciwo, ya kashe waya. A ganinsa ladabi yake yi, ba zai zama shi ne ya sa hannu a korar yayansa ba. Kwanakin iƙama kuwa suna ta tafiya, ba ruwansu da ladabin kowa. Na kira matarsa na ce mata, in mijinta bai zo ya sa hannu ba, kunyarsa ce za ta sa Nuhu a jirgi. Ba ta yi mini musu ba. Ina jin ta daɗe tana jiran wani ya faɗi haka.

Ya zo washegari bayan azahar, ya rame, ya tsaya a bakin ofishin shugaban sashe kamar baƙo. Nuhu yana ciki yana jiransa da takardar, ni ina gefe don in karɓa in kai gaba.

Bashir ya ce, "Yaya, ka yafe mini. Da na yi shiru ranar..."

Nuhu ya daka masa tsawa irin wadda aka daɗe ba a ji ba a hawa na biyu. "Wa ya ce ka kai ƙarar? Ni ne ko ba ni ba? To rufe mini baki. Karɓi biro."

Bashir ya karɓa, ya sunkuya a gefen tebur zai sa hannu a tsaye.

"Ba haka ba. Zagaya. Zauna."

"Yaya..."

"Har yanzu ni ne babba ko an soke wannan ma a mahkama? Na ce ka zauna!"

Ya zagaya ya zauna. Ya sa hannun, hawaye suna sauka a gemunsa. Nuhu ya ɗauki takardar ya duba, ya ce, "Dubi sa hannun ra'is, kamar kaza ta bi ta kan tawada. Ka gyara shi kafin mutane su raina mu." Ya miƙo mini, ya fita bai waiwaya ba. Na bi bayansa don in ce masa wani abu, na same shi a matattakala ya juya fuska ga bango. Na koma da baya ban yi motsin da zai ji ba.

In kuna son sanin sauran, Majid ya samu wata kujerar a wani wuri kafin shekara ta zagayo. Tsohon mudir ba wanda ya tambaye shi komai. Lauyoyi biyu kowa ya sa shari'ar cikin abin da yake alfahari da shi. Mutum ɗaya ne ya rasa aikinsa, shi ne wanda bai kai ƙara ba, ba a kuma kai shi ba.

Abin da na koya, shi nake so ku riƙe. Ba na cewa dokar ta yi zalunci, an rubuta ta ne don kada a danne irin su Bashir, kuma ta yi aikinta. Ba na kuma cewa ladabin Bashir laifi ne, da shi muka taso, ina son in ga irinsa a jikokina. Amma alherin da ake yi wa ma'aikaci da baki, a ɓoye shi a bayan fayil, ranar da ya fito fili mudir ba ya biyansa, mu masu ajiye fayil ma ba ma biya. Wanda ya fi kowa rauni a takarda shi ke biya. Don haka in kuka ga an ɗora wa mutum aikin da takardarsa ba ta ɗauka, kada ku taya shi murna. Ku zaunar da shi tun da wuri ku gaya masa inda yake tsaye, ko da zai yi fushi da ku shekara guda.

Nuhu yana nan Makka. Kafin in bar aiki nakan gan shi lokacin umara, in wani tsoho a ayarinsa ya faɗi ya kawo shi asibiti. Yakan ciri lamba a bakin sashen baƙi, ya zauna a benci cikin mutane yana jiran a kira shi. Bashir ya sha fitowa ya ce ya shigo kai tsaye. Bai taɓa yarda ba.